Sojan Masinja Ya Kai Gidan Ƙarshe

Shekara talatin da ɗaya ya yi yana kai fayil daga bene na ɗaya zuwa na uku, don haka ko da ya yi ritaya sunan bai sake shi ba. Masinja ake ce masa a layinsu, jikokinsa ma Baba Masinja suke cewa. Siriri ne mai saurin tafiya, ko shagon bakin layi za shi sai ka rantse gobara zai je kashewa. Shugabanni tara ya gani sun zo sun tafi, ya san mai shan shayi ba sukari, ya san mai barci a kan fayil. Shi kuwa bencinsa na bakin ƙofa bai matsa ko taku ɗaya ba. Sau huɗu sunansa yana shiga takardar ƙarin girma, sau huɗun kuma shi da hannunsa ya kai takardar ofishin da aka soke sunan.

Zaman gida bai karɓe shi ba. Ƙafa ta riga ta saba, sai ya koma kwasar kaya daga wannan ɗaki zuwa wancan ba wanda ya aike shi. Ran da matarsa ta tsinci ludayinta a kan talabijin, haƙurinta ya ƙare.

"Malam, don girman Allah ka je shagon ƙanena ka zauna," ta ce. "Can agogo ne, a bango suke, ba su ɗaukuwa."

Ƙanen nata mai gyaran agogo ne. Shagonsa ɗan tsukuku ne, agogo ashirin a bango, ba biyu da suka yarda da juna kan lokaci. A ƙarƙashin teburinsa yake ajiye allon ces, darar nan mai gida sittin da huɗu. Mutum ne mai son a san ya sani, don haka ya fara da tarihi: daga Indiya wasan ya taso, ya bi ta Farisa, ya shekara fiye da dubu. Masinja na ta hamma. Aka zo kan sarki da sarauniya da doki mai tafiyar karkace, bai daina hamma ba.

"Waɗannan ƙananan takwas su ne sojoji, Yaya," in ji mai agogo. "Gaba kawai suke yi, ba sa komawa baya. Amma in ɗaya ya kai gidan ƙarshe, ƙarin girma ake masa, ya zama sarauniya."

Hammar ta tsaya a rabi.

"Ba sai ya san wani ba?"

"Ba sai ya san kowa ba."

"Ba kwamiti?"

"Ba kwamiti, Yaya. Ya kai, ya samu."

Masinja ya gyara zama, ya ce a jera.

Daga ranar ya ɗauki alkawari sai ya ga sojansa ɗaya ya kai gidan ƙarshe kafin ya bar duniya. Shekara shida ke nan yana wasa kullum da rana, kuma in gaya maka gaskiya, ban taɓa jin ɗan wasa mai ban takaici irinsa ba. Kowa sarkinsa yake karewa, shi soja yake karewa. In mai agogo ya ce, "Yaya, sarkinka fa na cikin haɗari," sai ya ce, "Babba ne, ya san yadda zai yi da kansa." Yakan ba da doki don ya ceci soja, ya ba da sarauniya ya ce ai ta daɗe tana jin daɗi. Kafin wasa ya yi nisa an gama da shi, shi ya sa a shekara shidan nan bai taɓa ganin soja ya kai ba, nasa ko na abokin wasansa.

Mai agogo ya taɓa nuna masa wasannin gwanayen duniya a waya, wai ko ya ɗauki darasi. Masinja ya ga wani gwani ya ba da soja tun a taku na biyu, da gangan.

"Wannan ne kuke yabo? Ai azzalumi ne. Yaro bai ko gama ɗaura takalmi ba an miƙa shi."

Bai sake yarda ya kalla ba.

Wata Talata aka cire wa mai agogo haƙori. Ya zo shago kumatu a kumbure, rai a ɓace, ya huce haushinsa a kan allo. Ya cinye dokin Masinja, ya cinye na biyun, ya kwashe manya kaf yana jera su a gefe. Garin haɗama ya tura duk mayaƙansa gaba, ya bar sarkinsa a lungu bayan sojojinsa uku. Can a gefen allo kuwa wani sojan Masinja mai ɓararren kai yana ta tafiya, taku ɗai-ɗai, ba wanda ya kula shi. Masinja ya daina numfashi sosai, gumi ya jiƙa masa hula. Da yatsa biyu ya ɗaga sojan ya dire shi a gidan ƙarshe.

Mai agogo ya cire gilashi, ya goge, ya mayar. Ya duba sarkinsa, ya ga ba hanyar fita, ba kuma wanda zai dawo ya tare.

"Yaya, ka ci ni," ya ce, kumatu na hana shi dariya. "Wallahi ka ci ni. Ɗora sarauniya kawai, wasa ya ƙare."

Ya ɗauko sarauniyar Masinja daga cikin waɗanda ya cinye, ya kai ɗaya hannun zai ɗauke sojan. Masinja ya riƙe masa hannu.

"Ina za ka kai shi?"

"Akwatin kayan wasa mana. Ita za ta zauna a wurinsa."

"Ita? Wadda tun ɗazu take kwance a gefe tana hutawa?"

"Haka dokar take, Yaya."

"Kai ka ce min ƙarin girma ake masa."

"To ai shi ke nan ƙarin girman."

Masinja ya dubi sojan, ya dubi akwatin. Tun da ya bar aiki bai ji ɓacin rai irin na wannan lokaci ba.

"Wato shi ya yi tafiyar, ya tsallake doki, ya tsallake kowa, da ya iso sai a cire shi a kawo wata."

"In ba ka son sarauniya, ɗauki doki. Amma dole a sauya shi."

"In ya zauna a sojansa fa?"

"Ba a yi. Ko'ina a duniya ba a yi." Mai agogo ya sassauta murya. "Haba Yaya, shekara shida ba ka ci ko sau ɗaya ba. Ɗora ta mu je in gaya wa matarka da bakina."

Masinja yana son cin nan, Allah ya sani yana so. Ya hango kansa yana shiga gida yana gyaran murya, jikoki na tambaya. Ya karɓi sarauniyar, ya juya ta a hannu, ya daɗe yana juya ta. Sannan ya sa ta a akwati ya rufe, ya kwantar da sarkinsa da ɗan yatsa, alamar ya sallama.

"Kai ka ci," ya ce. "Amma kada ka kwashe allon nan. Wannan sojan a nan zai kwana."