Ranar da Asan Kutti Ya Mutu a Tandabawi

Kakana na wajen uwa ba Bahaushe ba ne. Sunansa Asan Kutti, mutumin Malibar ne, can kudancin Indiya, amma a Tandabawi, unguwarmu a Makka, ba wanda ya san shi da wani suna sai Hasan Malibari mai gurasa. Ban riske shi ba. Duk abin da zan rubuta daga bakin matarsa na ji shi, kakata Rumasa'u da muke kira Sitti. Ita kuwa ba ta ambatar sunansa, sai dai ta ce kakanku.

An haife shi a wani ƙauyen masunta kusa da Kalikut. Tun yana ƙarami aka kai shi wajen wani malamin faɗa, inda ake koyon kokawa da wasan sanda a cikin wani rami mai jar ƙasa. Da ya zama saurayi sai ya tafi Madras, domin a wancan zamanin a can ake ɗaukar yawancin finafinan harshensu, Malayalam. Burinsa ya zama jarumi. Suka dube shi, gajere, baƙi, mai faɗin kafaɗa da karyayyen hanci, suka ce ya shiga layin yaran mugu.

Aikinsa kenan, a doke shi. Jarumi zai kawo naushi ya wuce gefen haɓarsa da faɗin yatsa, shi kuma ya wurga kai baya, ya fasa 'yar robar jan ruwa da ya ɓoye a kunci, ya zube. An soke shi da wuƙa, an harbe shi, an jefo shi daga kan gada, ya mutu a finafinai masu yawa, kuma ba a taɓa rubuta sunansa a ko ɗaya ba. Sai dai ba duka ne wasa ba. Amalanke ya taɓa bi ta kansa ya karya masa haƙarƙari. Abokinsa da suke kwana ɗaki ɗaya ya diro daga rufin gida bayan wani ya ja katifar da aka shimfiɗa masa, wuyansa ya karye a gaban idon kakana, aka matsar da gawar gefe aka ci gaba da aiki. Abin da ya raba shi da sana'ar, wani jarumi ne da ya zo aiki a buge, ya zabga masa sarƙar keke da gaske, ta tsaga masa gira har ƙashi. Darakta ya ce hoton ya yi kyau, kada a share jinin, a sake ɗauka ta wancan gefen.

A farkon shekarun sittin ya samu wani tsohon attajirin garinsu da ke neman mai ƙarfi da zai goya shi a aikin hajji. Suka shigo jirgin ruwa daga Bombay. Tsohon ya rasu a Mina, kakana bai koma ba. Ya kafa kasko a bakin lungunmu yana gasa gurasar ƙasarsu mai ninki-ninki. Sitti a lokacin bazawara ce, tana sayar da waina daura da shi. Iyayenta daga ƙasar Kano suka taso da ƙafa, ita a Sudan aka haife ta. Da guntun Larabci suka fahimci juna, suka yi aure, aka haifi mahaifiyata Fatsuma.

Sitti tana da ƙane, Wada, mai ga-ruwa, yana zaune tare da su. Dogo ne, mai saurin hannu, kuma ya mutu a kan mizmar. Mizmar wasan maza ne na unguwannin Makka. A hura wuta a tsakiyar fili, a kaɗa ganguna, maza biyu su shiga suna zagaya wutar suna juya doguwar sanda da ake kira shun. Rawa ce, amma idan ka taɓa gefen rigar mutum da sandarka, ka kira shi faɗa kenan, kuma ba mai shiga tsakani sai ɗaya ya faɗi. A wani biki Wada ya yi haka da wani saurayi daga unguwar Nakkasa mai suna Garba, ya karya masa muƙamuƙi, ido ɗaya ya tsiyaye.

Garba yana da wa, Kabo, mai fasa dutse. Kowa ya san akwai wani mutum da ke yawo bakin kasuwa yana magana shi kaɗai tun ranar da sandar Kabo ta sauka a kansa. Kabo ya rantse a gaban jama'a cewa ranar mizmar ɗin Ƙaramar Salla sai ya fasa kan namijin gidanmu. Umda, wato mai unguwa, ya aika dattawa, Kabo ya ba su shayi ya sallame su. Sitti ta yi kuka ta roƙi Wada ya tafi Jidda har abin ya lafa. Ya ce, “Yaya, in na gudu, a wane gida zan ƙara sauke ruwa?”

Azumi ya yi nisa, Sitti ba ta ci ba ta barci. Wata rana bayan sallar asuba kakana ya zaunar da ita ya ce shi zai shiga wa Kabo. Ta ce ashe ya haukace, ƙane take gudun rasawa, yanzu kuma miji. Sai ya miƙa mata muciya ya ce ta doke shi a ka iya ƙarfinta. Ta ƙi, ya matsa, ta ɗaga ta sauke. Ta ji ƙara, ta ga mutum ya zube, ƙafa tana shure-shure, idanu sun juye. Kafin ta buɗe baki ya tashi zaune yana dariya. Ya ce Kabo kai yake so ya fasa, to za a ba shi kai ya fasa, ya ga jini, ya cika rantsuwarsa, kowa ya koma gida.

Ita ta yi masa shirin. Ta karɓo jinin akuya wajen mahauci, ta zuba gishiri ta yi ta juyawa don kada ya daskare, ta ɗura a guntun hanji ta ɗaure bakin. Shi kuma ya ninke fatar raƙumi ya kifa a ka, ya ɗora hanjin a kai, ya naɗa rawani. Ta ce masa, “Abu Fatsuma, ka gaya wa Wada.”

“Wada in ya sani, fuskarsa za ta gaya wa Nakkasa duka,” in ji shi.

Ya ce a Madras ma ba a gaya wa 'yan kallo, don tsoronsu ya fito na gaske. Kuma a wajensu, da mutum ya faɗi an gama, kowa sai ya saki abin da ke hannunsa. Abin da bai lissafa ba shi ne, a Makka babu gidan silima. Mutanen da za su tsaya a filin nan ba su taɓa ganin mutum ya mutu da wasa ba.

Ranar Salla bayan la'asar aka hura wuta. Mata suka hau soraye, Sitti tana can da Fatsuma a goye. Mutanen Nakkasa suka sauko a jere da gangunansu. Kabo ya shiga fili shi kaɗai yana zagaya wuta, idonsa a kan Wada. Wada yana ɗaure ɗamara kenan sai kakana ya bi ta ƙarƙashin hannunsa ya faɗa fili, ya kai bakin sanda ya taɓa gefen rigar Kabo. Aka yi dariya.

“Mai gurasa, koma ka juya kaskonka kada ta ƙone,” in ji Kabo.

“Gidan da ka rantse a kansa, ni ma a can nake kwana.”

“Kai suruki ne, ya sheik. Ɗan gida nake nema.”

“In ka ji tsoron suruki, faɗi, sai in kira maka Fatsuma.”

Dariyar ta koma kan Kabo, shi kuwa ya kawo sara. Sitti ta ce ba ta taɓa sanin wa take aure ba sai ranar. Sandar Kabo tana zuwa kamar za ta raba dutse, kakana yana karewa, yana durƙusawa, yana ɓullowa ta baya. Har ya kai wa Kabo duka a kunne, sandar ta tsaya cak ba ta taɓa shi ba, don hannunsa bai saba ƙarasawa ba. Kowa ya gani, kuma Kabo ya ɗauka raini ne. Ya kama shun da hannu biyu ya sauke a tsakar ka. Kakana ya bi dukan ya sulale, fatar raƙumi ta shanye saura. Jini ya fashe ya wanke masa fuska. Ya faɗi ruf da ciki, rawani ya yi gefe, ya shura ƙafa, ya saki jiki.

Sitti da ta ɗura jinin da hannunta, ita ma sai da ta ƙwalla ihu. Ganguna suka tsaya. Wani dattijo ya yi salati ya cire mayafinsa ya lulluɓe shi. Kabo ya tsaya sandarsa a ƙasa yana kallon mayafin, domin fasa kai ya rantse zai yi, ba kisa ba, kuma ya san hukuncin wanda ya kashe.

Wada ya zabura. Ya yar da sanda, ya fizgi ƙarfen da ake tona wuta da shi. Samarin Tandabawi suka rufa masa baya. Nan take fili ya hargitse. Ana jifa da duwatsu, ana rotsa ganguna a kan mutane, wani ya faɗa cikin garwashi rigarsa ta kama, wani yana rarrafe yana tofar da haƙora. Kakana yana ƙarƙashin mayafi yana jiran a yi shiru, ana taka masa yatsu, shirun bai zo ba. Sai ya ji ƙarar ƙashi da kururuwar Kabo. Ya leƙo. Wada ya karya wa Kabo gwiwa, ya taka masa ƙirji, ya ɗaga ƙarfen sama. Idan ya sauka, Wadan da aka yi duk wannan don a tsirar da shi, takobin ƙisasi ne zai cire masa kai bayan sallar Juma'a.

Gawa ta tashi da mayafi a wuya. Waɗanda ke kusa suka watse, wasu suna faɗuwa a kan wasu. Kakana ya kira sunan Wada, amma Wada ba ya ji ba ya gani. Sai ya yi tsalle ya kwanta a kan Kabo. Ƙarfen ya same shi a bayan kunnen dama, ya gangara ya farfasa kafaɗa. Babu rawani, babu fata. Sitti ta ce daga saman soro ta gane bambancin, wannan karon bai shura ƙafa ba, bai juya ido ba, ya dai yi nauyi kawai kamar buhu.

Wada ya saki ƙarfen ya zauna a ƙasa yana duban hannunsa. Kabo ya ture mutumin daga kansa, sai ya ga guntun hanji a maƙale a gashin kakana. Ya ciro ya sansana, ya jefa a wuta. Haka Umda da askarawa suka iske su.

Kakana ya daɗe a asibiti bai san wanda ke kansa ba. Da ya farfaɗo, hannun dama ya mutu, kunnen ya toshe, kuma har ƙarshen rayuwarsa yakan yanke jiki ya faɗi yana kumfa. Karon farko da abin ya kama shi a bakin kasko, mutane suka tsaya suna kallo, wani ma yana dariya, sai da Sitti ta fito ta zage su.

A gaban Umda, Kabo ya zo da sandar dogarawa ya ce mutumin da ya kwanta a kansa ya karɓi ƙarfe, ba zai ƙara ɗaga hannu a kan gidansa ba, halas, magana ta ƙare. Amma jinin akuyar bai taɓa yafewa ba. Ya ce an mai da shi abin wasa a gaban unguwa biyu. In ya biyo ta lungunmu yana ɗingishi sai ya kau da kai. A Tandabawi ma akwai dattawan da suka daina sayen gurasarsa, suka ce aibi ne mutum ya sa Musulmi su yi wa mai rai salatin gawa.

An yi wa Wada bulala, ya yi watanni a kurkuku. Da ya fito bai koma ga-ruwa ba. Ya je ya tsuguna gefen kasko ya jawo kwanon ƙullu, kakana ya nuna masa da hannun hagu yadda ake murzawa da ninkawa. Gurasarsa ta farko, in ji Sitti, kare ma sai ya yi tunani. Haka suka yi aiki tare har kakana ya rasu, ana gab da rushe wannan ɓangaren lungun.

Baba Wada na san shi. Ya yi aure a makare, ya haifi 'ya'ya mata zalla, ya buɗe shagon gurasa a unguwar Shisha, kuma ba ya yarda a ajiye ko tsintsiya mai doguwar ƙota a inda yake zama. Ya rasu da tsufa a kan gadonsa, ina aji biyu a sakandare, jikoki cike da ɗaki ana korar su suna dawowa.