Ɗinyar da Ta Fito da Kanta

Hure ta zo aikin Hajji daga Tasawa tana goyon fari, ba ta koma ba. Yau shekara ashirin da shida ke nan tana unguwar Utaibiyya ba iƙama, wato takardar zama, tana tuƙa tuwon sayarwa, in Hajji ya zo ta tafi Mina dafa wa alhazai abinci. Ba ta cika kewar gida ba sai in an ambaci ɗinya. A gindinta ta girma: ɗinkin a kwaɗo, 'ya'yan a maɗi, ɓawon kuma uwarta na dafa wa mai jegon da nononta ya ƙi zuwa.

Duk shekara sai ta roƙi alhazan garinsu su taho mata da busasshiyar ɗinya. Ta shuka ƙwallon a gwangwanin madara, ta shuka a bokiti, har da taki daga kasuwar tumaki. Ko tsiro! Wanda ta tsotse ta tofar a bayan gida, inda ruwan mukayyif, na'urar sanyaya ɗaki, ke ɗiga, shi ya ga damar fitowa. Cikin shekara biyar itacen ya wuce kanta.

Bana autarta Mubina ta haihu. Kwana huɗu nono shiru, jaririya sai tsala kuka, madarar gwangwani kuma tana sha tana amayarwa. Asibiti ba takarda, wa zai kai kansa? Hure ta ɗauki wuƙa ta zagaya wurin itacen.

A can mijinta Isuhu ya tare ta. Mutum ne da bai taɓa lura da ko tukunyar da ke ƙonewa ba, amma ranar idonsa tar.

"Ke kika shuka shi?"

"Daga bakina ya faɗo."

"Na ce kin shuka? Wannan da kansa ya fito, kuma nan cikin Harami muke. Itacen Harami ba a sara, ba a ɓare shi. Magana ta ƙare."

"Isuhu, jikarka ce ke kuka!"

"Ina ji. Abin da ya faɗo da kansa, ki ɗauka."

Haushin da ya fi cinta, ita ma ta san hukuncin, kuma tana tsoronsa. Ta tambayi wani malami, ya ce da ta binne ƙwallon da hannunta da ba laifi, tofarwa kuwa sai ya duba littafi. Ta dawo tana huci kamar kububuwa.

Ta ajiye wuƙar, ta shimfiɗa faranti a gindin itacen, ta zauna jiran ganye, ko ya maye gurbin ɓawon. Iska ko ta kaɗa mayafi babu. Har aka kira la'asar, ganye uku kacal suka faɗo, busassu, ba su isa ko kofin shayi ba.

Mubina ta leƙo ta taga, muryarta a dashe. "Ya Ummi, ya dahu?"

Hure ta rufe farantin da gefen zanenta. "Yana wuta," ta ce.