Tauraruwar Baba a Kan Gawo

Shekarar da gero ya ƙi a garinmu, gabas da Tamaske, Baba ya ɗaure tabarmarsa ya tafi Abijan neman abin da za mu ci. Tun daga nan Kaka Hassu, mahaifiyarsa, ta daina ba mu tatsuniyar gizo. Da an idar da magariba sai ta tura kara a murhu, mu kewaye ta, ta kai mu wata duniya da ita kaɗai ta san hanyarta.

A duniyar nan, in ji ta, duk wanda ya bar gida ana kunna masa tauraruwa, kuma taurarin iri-iri ne. Farare da ke zaune daram na waɗanda suka samu aiki ne, suna cin shinkafa sun manta da mu. Jajaye na masu ciwo ne a ƙasar mutane. Masu ƙyaftawa kuwa, masu su suna ɗaure kaya, kewar gida ta hana su barci. Akwai wata tsohuwa a can mai hura kowace don kada ta mutu. Na taɓa tambayarta, masu faɗowa fa, sai ta ce in gyara wutar.

"Kaka, wacce ce ta Baba?"

Ta ɗaga muciya ta nuna saman gawon bayan gida. "Waccan, ɗiyata. Ba ki ganin tana ƙyahtawa? Shina ɗamrin kaya."

Na riƙe ta gam. Amma kwanci-tashi tauraruwar ta riƙa zamewa yamma, har wata rana da bazara ta shige bayan dutse. Na yi kuka har da majina. Kaka ba ta ko girgiza ba.

"Mi kike ma kuka? Akwai irin da ban hwaɗa muku ba. Su ne waɗanda sunka shiga mota."

Damina ta zo, mazan garin suka dawo da rediyo da atamfa. Babu Baba, babu wanda ya gan shi. Haka shekaru suka wuce, Kaka na ƙara wa duniyarta sababbin taurari duk lokacin da tsofaffin suka kasa. Ina jin haushinta a lokacin, ina ganin yaudararmu take yi.

Sai da na zama budurwa na gane yanar ido ta daɗe da rufe mata gani, ko gawon da ƙyar take gani. Ba mu kaɗai take wa tatsuniyar ba. Har da kanta, don ɗanta ne.

A lokacin sanyinta na ƙarshe a duniya ta sa na fito da ita tsakar gida. Ta ɗaga fuska sama ta ce, "Duba mini, wane iri ta koma yau?"

Hazo ya rufe sama ruf, ba tauraruwa ko ɗaya. Na ce, "Tana ƙyaftawa, Kaka."

Ta ce, "To, a bar mishi tuwo."