Kwafin Wakilin Fatakwal

Har yau ranar Talatar da Hajiya Rabi ta kira ni ba ta fita daga raina ba. Ita ce manajar kamfanin fim ɗin da nake wa wakilci a Fatakwal, daga Kano take ba mu umarni. Ko gaisuwa ba ta tsaya mun gama ba.

"Salisu, fim ɗinmu yana intanet. Kuma kwafinka ne."

Ga waɗanda ba su san aikin ba: kafin fim ya fita, ana turo wa kowane wakili kwafi ya nuna wa masu gidajen kallo. Kowane kwafi yana da lambar da ido ba ya gani, sai kwamfutar ofis. Saura kwana huɗu a saki fim ɗin, ga shi yana yawo kyauta da lambata a jikinsa. Ta ce in kawo bayani kafin Juma'a, ko in ajiye aiki.

Na kasa zama. Na hau acaɓa zuwa unguwar Rumuokoro, na bi masu gidajen kallo ukun da na nuna wa. Kowa ya rantse, kuma na san wayata, inda kwafin yake, ba ta bar hannuna ba a gabansu. Na koma gida na tsare matata da tambayoyi har ta yi fushi. Abinci na ajiye shi ya huce.

Sai washegari, ina shafa gilashin wayar, na tuna sabo ne. Makon da ya wuce na kai ta unguwar Mile 3 a canza mata gilashi wurin Istifanus, mai gyaran waya ɗan kudancin Kaduna, abokina na shekaru.

Ina shiga shagonsa na ji muryar jarumar fim ɗin tana tashi daga kwamfutarsa.

"Istifanus, ina ka samo wannan?"

"A wayarka mana. Kafin in buɗe waya ina kwashe kayanta, kar su ɓace. Na ɗauka ya riga ya fito, oga."

"Mutum nawa ka tura wa?"

Ya kalli bencin da masu jiran gyara suke zama, ya ce duk wanda ya nema yana tura masa. A cikinsu wani ya ɗora shi a intanet. Wanene, bai sani ba.

Na kira Hajiya a gabansa na faɗi gaskiya. Ya karɓi wayar da kansa, ya ce laifinsa ne, kar a kore ni. Ba a kore ni ba, amma an dakatar da ni wata guda, aka kuma hana ajiye kwafi a wayar wakili. Ofis ya yi ta aika takardun koke ana sauke fim ɗin daga shafuka. A sauke nan, ya ɓullo can.

Ranar Juma'a na bi ta Kasuwar Oil Mill, na tarar da masu dako sun yi da'ira a kan waya ɗaya suna kallon fim ɗinmu, suna ta dariya. Wani dattijo a cikinsu ya matsa mini wuri.

"Malam, zauna ka ga gida. Shekarata biyu ban je ba. In kana so a tura maka."

Na ce masa na gode, na wuce.

Abin da nake gaya wa sababbin wakilai ke nan. Mun saba neman ɓarawo a can nesa, bayan kwamfuta. Ni dai da na bi sawun nawa, abokina na tarar, da mutanen da suke kewar garinsu, da kuma sakacina.