Na Shiga Kwarin Doguwa Ta Yamma

Dogon Dutsi, Talata

Ƙarfe biyar da rabi na asuba na fita gida, Babbar Sallah saura kwana goma sha biyu. A jakata akwai manyan riguna uku na mutane, ko ɗaya ban kai rabin aikinta ba. Na ce wa matata Hajo zan je Matankari sayen zare. Ƙarya ce. Sirrin Arzika na fita nema.

Arzika taubashina ne, shekara guda aka haife mu, wurin malami guda muka koyi ɗinkin hannu, ni ma na riga shi iya zare allura. Amma riga mai aikin aska takwas da nake wata biyu a kanta, shi kwana uku ya ishe shi. Masu kawo mini aiki suka koma rumfarsa ɗaya bayan ɗaya. In ya wuce ya gaishe ni, amsawa nake kamar an sa ni haɗiye maɗaci. Ba zan ɓoye ba, hassada ce. Sai wani mai sayar da zare ya tsegunta mini cewa Arzika na zuwa wani kwari bayan Matankari, wai shi Kwarin Doguwa, inda mutum ke kwana bakwai a ciki, a waje yini guda kawai ya wuce.

A tasha na hau kabu-kabu. Mai babur saurayi ne mai ɗangalallen wando. Da ya ji ina tambayar kwarin sai ya ce, "Baba, wagga shirka ta. Matankari ni ka aje ka, ban ƙara taki guda." A shingen jandarma aka duba takarduna, aka leƙa jakar, muka wuce.

Matankari

Bakwai saura kwata muka iso. Na karya da ƙosai da kunu a bakin kasuwa, sannan na sami amalanken jaki mai zuwa gonakin gabas. Mai amalanken, wani dattijo Nomau, bai tambaye ni dalili ba. Ya dubi jakata kawai.

"Kai ma maɗinki na? In mun kai, ka biya bukkar Inna Dela. Ita ka tsaron wurin. A gaishe ta, a tuɓe takalmi, ta nuna ma ƙohwa."

"Arzika na biyawa wurinta?"

"Kullum. Har goro shika kawo mata."

Wannan ya ishe ni. In na biya, gobe Arzika ya ji na bi sawunsa, ya samu abin yi mini dariyar taubasantaka har mu tsufa.

Kwarin

Awa biyu da rabi jakin ya yi cikin rairayi. Da Nomau ya juya, na hango bukkar tsohuwar a gabas da kwarin, sai na zagaya ta bayan duwatsu na gangara ta yamma, da takalmina, ba sallama.

Wuri ne ƙarami, tsamiyoyi sun rufe samansa. Haske iri ɗaya, ba rana ba inuwa, ko kukan tsuntsu babu. Agogona ya tsaya a goma da minti ashirin. Na ajiye jaka, na ɗauko rigar Alhaji Bawa na fara wuya, ina murmushi ni kaɗai. Sau ɗaya na ji kamar wani abu ya gilma gefena, na ɗaga kai ban ga kowa ba.

Da na ƙiyasta la'asar ta yi na miƙe in fita in ga ko rana ta motsa. Na ɗaga jaka, ba nauyi. Riguna biyu sun tafi. Na haura da gudu, sai ga ni gaban bukkar da na guje wa. Fatun raguna biyu na shanye a kan danga, sun riga sun bushe.

"Ka hito?" in ji Inna Dela. "Barka da Sallah. Yau kwana huɗu da yanka."

Na zauna a ƙasa.

"Wanda yash shiga ta gabas, kwananai ka yawa. Wanda yash shiga ta yamma, na mutane ka wuce shi. Ko wace ƙohwa, ɗana, cikin kwanakinka aka ɗiba. Da ka gaishe ni da ka jiya."

Komawa

Ban sami amalanke ba, da ƙafa na taka har Matankari, na kwana a zauren Nomau. Washegari ƙarfe takwas na shiga motar kasuwa, duk hanya ina shirya abin da zan faɗa wa masu rigunan da na ɓatar.

Hajo ta gan ni ta fashe da kuka, sannan ta yi faɗa, sannan ta kawo mini soyayyen naman da ta ɓoye. Ban gama ci ba Arzika ya yi sallama.

"Mai sayen zare ya dawo!" Ya zauna yana dariya. "Na iske ka zaune kamar turmi, allura sama. Kwana ashirin ni yi kusa gare ka, ba ka ida jan zare guda ba. Ba a hidda mutum, sai shi tashi da kainai. Sai ni ɗauki na jaka. Ta hannunka ba ta ɗaukuwa, na dai ba Alhaji Bawa haƙuri."

"Ka kai musu?"

"Jajibiri. Na ce aikinka na."

Na dube shi sosai, abin da na daɗe ban yi ba. Sa'ana ne, amma furfura ta cinye masa gemu, sai ya ƙanƙance ido kafin ya ga bakin kofin shayi. Kwana ashirin daga cikin nasa ya zuba a rigunan da ba nasa ba.

Ranar Juma'a masu rigunan biyu suka tare ni a ƙofar masallaci. Ɗaya ya shafa ƙirjin rigarsa ya ce, "Gado, bana hannunka ya hwaɗa. Ko Arzika ba shi yin wagga."

Na gode wa Allah da ya maido ni gida lafiya, na gode wa Nomau da Inna Dela. Godiyar Arzika kuwa sai da ta kwana uku a maƙogwarona kafin ta fito, don na duba ɗinkin nan da idona, ya fi nawa, kuma har alherin da ya yi mini ina jin ƙyashinsa.