Ƙofar da Ba Na Sa wa Mai

Idan ka taɓa bi ta layinmu a Birnin Konni da safe, ka ji kukan ƙofar gidana ko da ba ka san gidan ba. Ƙofar ƙarfe ce, duk wanda ya tura ta sai ta ja dogon ƙara kamar akuyar da aka raba da ɗanta. Maƙwabta sun gaji da yi mini tsiya. Wai mutum yana da shagon kayan babur, ga galan-galan na baƙin mai a jere, amma ɗigo ɗaya ya gagari ƙofarsa. Dariya nake yi in wuce. Da farko sakaci ne kawai. Yanzu kuwa da gangan nake barin ta, kuma dalilin ya faro ne daga ƙauyenmu na wajen Bazaga.

Gidan da na tashi a ciki babba ne, amma hanyar fita ɗaya gare shi, ta zaure. Dab da zauren akwai ɗakin Kaka, mahaifiyar babanmu. Kafin gari ya gama wayewa ta riga ta shimfiɗa tabarma a bakin ƙofarta, carbi a hannu, kwanon kunu yana huci a gefe. Ƙa'idar gidan ita ce babu mai fita sai ya durƙusa a gabanta, yaro ko mai gemu. In ka gaishe ta, ta amsa, sai ta yi tambayar da ba ta taɓa canzawa ba:

"Ina anka nuhwa?"

Dole ka faɗa, domin Kaka ba ta addu'ar kowa da kowa. Kowane mutum da tasa, daidai da aikin da ke gabansa a ranar. Da damina, idan baffanmu ya saɓa hauya, sai ta roƙa masa tsari daga maciji da kunama, ta roƙi Allah ya sa ƙasa ta yi laushi. Mata masu zuwa rijiya da bazara, lokacin da ruwa ya yi nisa, ana roƙa musu kada igiya ta tsinke, guga ta fito cike. Yayanmu mai amalanke har jakinsa yana da rabo a ciki. Kai kuma aikinka ka shafa goshi ka ce amin da ƙarfi, yadda za ta ji. In ka yi ta ciki-ciki sai ta ce ba ta ji ba, ta sake daga farko, ga rana tana yi.

Ni da yake jika ne namiji, mai gida take ce mini, kuma ba ta raga mini ko kaɗan. Safiyar Litinin ita ce maƙiyiyata a lokacin, don ba ni da kai a lissafi, malamin makarantarmu ta boko kuma, wanda muke ce wa mushe, hannunsa yana da sauri. Sai in zo ina jan ƙafa, ido ya kumbura. Ta dube ni ta ce wane irin miji ne wannan da ke fita nema yana kuka. Sannan ta kama kaina da hannu biyu, hannun yana ƙamshin hayaƙi da daddawa, ta ce:

"Allah shi buɗe kanga, shi sanyaya hannun mushe, shi maishe min kai lahiya."

Ba zan yi maka ƙarya in ce bulala ta daina sauka ba. Tana sauka. Amma ina fita daga zauren nan sai in ji kamar an rage mini kaya, har in riƙa harbin duwatsu a hanya.

Ta tsawon addu'a muke gane matsayinmu a wurinta. Ranar da ka kyauta, sai ta yi ta jerowa har gwiwarka ta yi tsami. Ranar da ka yi ɓarna, "Allah shi shirya" kawai za ka samu, ka wuni jiki a sanyaye. Amma hanawa gaba ɗaya, ba ta taɓa yi ba. Na tuna wata shekara lokacin girbi, baffanmu ya yi sammako ya fice tana alwala. Kaka ta ɗauki sanda ta bi shi har gona, raɓa ta jiƙa mata zane sharkaf. Ta tsaya a bakin kunya ta kira shi, ya zo ya durƙusa cikin karan gero a gaban ƴan aikinsa, ta yi masa tasa, ta juyo gida. Kwana da kwanaki ana yi masa dariya.

Shekaru suka tafi. Babanmu ya rasu, baffa ya bi shi, samari suka watse, wasu birni wasu ƙetaren iyaka. Idon Kaka ya tafi, ƙafa ma ta fara ƙin ɗaukar ta. Bara na ce ba za ta ƙare kwananta a ɗakin da ke yoyo ba ina raye. Na gina mata ɗaki a gidana, can ƙurya, nesa da hayaniyar titi. Siminti, silin, fanka, bayi nata na kanta. Duk wanda ya zo gaishe ta sai ya sa mini albarka, ni kuma, in faɗa maka gaskiya, ina jin daɗin yabon har kaina yana kumbura.

Gidan birni ba shi da zaure. Daga ɗakunanmu zuwa ƙofa taku kaɗan ne, ɗakin Kaka kuwa sai ka zagaya baya. Safiya a gidana yaƙi ce: wannan ya ɓatar da takalmi, waccan ba ta ga littafinta ba, uwarsu malama ce tana tsoron makara, ƙanena ɗan kabu-kabu yana son ya riga wasu tasha. Sai muka mayar da gaisuwar Kaka ta yamma. Babu wanda ya yanke hakan, haka kawai ta kasance. Ni ma da asuba wayata nake dannawa, in tura wa mutane hotunan nan masu furanni da addu'ar barka da safiya, in ji na yi abin lada.

Kaka ta fara yin shiru. Kwanon abincinta yana dawowa kusan yadda aka kai shi. Na kai ta likita, aka duba, aka ce tsufa ne. Na ƙaro madara, na ƙaro hanta. Ina kallon ta tana ƙarewa a cikin ɗakin da nake taƙama da shi, ban gane komai ba.

Wata safiyar Talata bututun ruwan da ke bayan ɗakinta ya fashe, na tsaya gyara maimakon in tafi shago. Ina tsugune a ƙarƙashin tagarta sai ƙofa ta yi kuka, yara sun fita. Daga ciki na ji muryar Kaka, a hankali, tana roƙon Allah ya buɗe kawunansu, ya tsallakar da su titi. Ta yi shiru na ɗan lokaci, irin shirun da take bari a amsa. Da ba a amsa ba, sai ta ce da kanta, "Amin."

Ƙofa ta sake kuka, da ƙarar babur a biye. Ta roƙa wa ƙanena tsari daga manyan motoci da fasinja mai mugun nufi. Shiru. "Amin."

Karo na uku matata ce ta fita, amma Kaka ta ɗauka ni ne. Ta ce mai gida ya fita. Ta yi ta jero mini irin doguwar nan ta ranar da mutum ya kyauta: kasuwa ta yi albarka, Allah ya raba ni da rigima, ya saka mini da ɗakin da na gina mata. Ina riƙe da sifana, ruwa yana zuba a ƙafata, na kasa ko motsi. Kunya irin ta ranar ban taɓa jin ta ba. Kafin in amsa, ta riga ni cewa amin.

Na wanke hannu na shiga, na durƙusa na gaishe ta.

"A'a, mai gida, ba ka hita ba? To wa na yi ma wagga duka?"

Na ce uwar yara ce.

"To ta tahi da taka. Zamna in sake maka wata."

Na tambaye ta tun yaushe take haka, kuma me ya hana ta gaya mini. Ta ce tun safiyar da ta fara kwana a gidan. "Ka yi gini mai kyau, mutane na yabo, mi zan ce? Abin da ad damuwata, ba ni sanin inda kunka nuhwa. Sai in yi ta lalube."

Kafin mako ya zagayo na kafa rumfa a gefen ƙofa. Kullum bayan sallar asuba ni da ƙanena muke ɗauko ta mu zaunar a tabarma. Na san akwai masu cewa na mayar da tsohuwa maigadi, su suka sani. Yara sun yi ta gunaguni a kan makara, yanzu ƙaramar ita ke rigan kowa durƙusawa. Kaka tana shanye kununta, har ta dawo yi mini tsiya. Amma kada ka ce komai ya gyaru. Watannin nan da ta yi tana amsa wa kanta ba su dawowa, kuma duk lokacin da wani ya yaba mini ɗakin ƙurya sai in ji kamar ya mare ni. Hotunan furanni har yau suna shigowa wayata, masu turowa da alheri suke nufi, sai dai babu wanda a cikinsu ya taɓa tambayar inda za ni.

Akwai safiyoyin da jiki ke hana ta fitowa, kuma suna ƙara yawa. A irinsu wanda ya samu dama ya zagaya baya, wanda ya makara kuma ya san abin yi. Zai tura ƙofa ta yi kukanta, ya faɗi inda za shi da ƙarfi, ya ɗan tsaya ko da ba ya jin abin da ake faɗa a ciki, sannan ya shafa goshi ya ce amin yadda za ta ji.

Shekaranjiya wani sabon maƙwabci ya zo da ɗan gwangwanin mai, don kirki, zai ɗiga wa ƙofar. Na riƙe hannunsa na yi godiya. Na ce ya bar ta, akwai mai saurare.