Ledar Allon Mota

A bakin kasuwar Batsari wani magidanci yana zaune cikin motarsa, ƙofa a buɗe, gumi na tsiyaya daga ƙarƙashin hularsa. Tafin hannunsa duk kanta, da alama ya daɗe yana jan igiyar shanu kafin ya kama sitiyari. Allon motar ya ƙame, na'urar sanyi ta ƙi tashi. Waya na kan cinyarsa, makanike yana ta ɗaga murya daga Katsina.

"Malam Labaran, danna kusurwar sama ka riƙe, ɓoyayyen shafin gyara zai fito."

"Na danna har yatsa ya yi tsami! Gobe Inna za ta sauka daga Makka, ba zan gasa tsohuwa a hanya ba."

"Wai ka ɓare ledar allon kuwa?"

Kujerun ma da ledarsu suke tun ranar saye. Malam Labaran yana shafa ledar allon kamar goshin maraƙi, can ya yi bisimilla ya ɓare. Ya danna, baƙin shafi ya buɗe, ya taɓa inda aka ce. Iska mai sanyi ta bugi gemunsa.

"Jama'a, ku zo ku sha sanyi!" in ji shi, baki har kunne.

Ledar kuwa ya ninke ta tsaf, ya cusa a aljihun gaba.